Rabilu Musa Ibro: Gandiroban da ya zama jagoran barkwanci a fina-finan Hausa

A ranar Laraba, 10 ga Disamba, 2014, Allah ya yi wa Rabilu Musa rasuwa a Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano bayan fama da ciwon ƙoda, saura kwana biyu ya cika shekara 43 a duniya. Kafin yinin ya ƙare labarin ya karaɗe ƙasar Hausa, daga Kano zuwa Gombe, daga Sakkwato zuwa Maraɗi, har zuwa zangunan Hausawa na Ghana da Kamaru. Da yawa daga cikin waɗanda suka yi jimami ba su san sunansa na yanka ba sai a ranar. Ibro suka sani, wato sunan da ya ɗauka a fim, wanda ya bi shi har ya danne nasa.

Kusan shekara goma sha bakwai ya yi yana fitowa a fina-finan da masana da manyan masu shirya fim ba su cika ɗauka da daraja ba. Amma waɗannan fina-finan ne talakawa suka fi saye, kuma ta cikinsu ne ya faɗi abubuwan da wasu ba su iya faɗa ba, har hakan ya kai shi gidan yari.

Daga Ɗanlasan zuwa kakin gandiroba

An haifi Rabilu Musa a ranar 12 ga Disamba, 1971. Mutumin Ɗanlasan ne, wani gari da ke Ƙaramar Hukumar Warawa ta Jihar Kano a yau. A nan ya yi firamare, sannan ya wuce Kwalejin Horar da Malamai ta Wudil.

Wudil gari ne na bakin kogi, a kan babbar hanyar da ta tashi daga Kano ta nufi Jigawa da Bauchi da Gombe da Borno. Kasuwar shanunta ta ranar Juma'a na tara Fulani makiyaya da dillalai da mahauta da direbobi da fatake daga kudu da arewa. Yaron da ya tashi a wannan yanki yakan ji Hausa kala-kala a kunnensa: ta Bafulatanin ruga, ta Babarbare, ta Bayarabe da Inyamuri masu sayen dabbobi, da ta ɗan birni mai neman na kai. Wanda ya kalli fina-finan Ibro zai ga cewa irin waɗannan mutane ne ya yi ta kwaikwayo har ƙarshen rayuwarsa.

Bai daɗe a hanyar malanta ba. A shekarar 1991 ya shiga aikin gidan yari, inda ya yi kimanin shekara takwas yana gandiroba. Aiki ne da ke haɗa mutum da ɓarawo da ɗan damfara da mai tsautsayi da wanda aka zalunta, kowa da labarinsa da yadda yake tsara shi. Tun yana cikin kaki ya fara wasan kwaikwayo, kuma fim ɗin da ake lissafawa a matsayin wanda ya fito da shi shi ne 'Yar Mai Ganye. Da harkar ta karɓe shi, sai ya ajiye aikin gwamnati, abin da a wancan lokaci ba ƙaramar kasada ba ce ga mai iyali, domin albashi da fansho tabbas ne, fim kuwa sana'a ce da ba a san inda za ta dosa ba.

Masana'antar da ya tarar

Lokacin da Ibro ya shigo, fim ɗin Hausa na bidiyo bai kai shekara goma ba. Ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Tumbin Giwa ce ta fitar da Turmin Danya a Kano a 1990, wanda ake ɗauka a matsayin mafarin harkar a kasuwance. A 1999 ne mujallar Fim ta fara fitowa, a shekarar ce kuma sunan Kannywood ya bayyana a mujallar Tauraruwa. Fina-finai irin su Sangaya da Wasila suka nuna hanyar da akasarin masu shiryawa suka bi: labarin soyayya ko na kishi, gida mai kyau, mota mai tsada, da waƙa da rawa irin na fina-finan Indiya waɗanda Hausawa suka daɗe suna kallo a silima.

Barkwanci kuwa yana da nasa tarihin a talabijin. Samanja Mazan Fama na Usman Baba Pategi a Kaduna, da Karkuzu na Abdullahi Shu'aibu a Jos, da wasannin Ƙasimu Yero, duk sun riga sun koya wa masu kallo son ɗan wasa guda mai hali guda, wanda ake jira a ga abin da zai aikata a wannan mako. Sai dai waɗannan shirye-shirye na gidajen gwamnati ne, suna da lokaci da iyaka. Abin da Ibro da abokansa suka yi shi ne ɗauko wannan salo su kai shi kasuwar kaset, inda mai saye ne alƙali.

Camama

A cikin masana'antar an raba fina-finai gida biyu. Akwai na soyayya, waɗanda ake kashe wa kuɗi, akwai kuma na barkwanci da aka laƙaba wa suna camama. Sunan na raini ne. Fim ɗin camama ba ya cin kuɗi da yawa: 'yan kwanaki ake yi ana ɗaukarsa, a ƙauye ko a bayan gari, a gidan ƙasa da zaure da bakin kasuwa, da kayan da 'yan wasa suka zo da su. Sau da yawa ba a rubuta maganganun daki-daki. Darakta zai faɗi inda labarin ya dosa, sauran kuma ya rage ga bakin ɗan wasa.

A nan ne Ibro ya fi kowa. Yana da saurin baki da iya juya magana, yana kuma da fuskar da ke ba da dariya tun kafin ya ce komai. Idan aka haɗa shi da abokan wasansa, irin su Kulu da Yautai da Katakore, ko marigayiya Husaina Gombe wadda aka fi sani da Tsigai, sai zance ya yi ta haihuwar zance, mai kyamara na biye da su.

Ga 'yan kasuwar kaset na Bata da Ƙofar Wambai, waɗanda a lokacin su ne ke riƙe da wuyan harkar, lissafin a fili yake. Fim ɗin da aka kashe wa kaɗan, wanda kuma hoton Ibro ke jikin kwalinsa, da wuya ya kwanta a shago. Daga Kano ake ɗaure kaset ɗin a kwali a ɗora a mota zuwa Gombe da Yola da Maiduguri da Katsina da Damagaram. A unguwanni irin Gabukka ta Gombe ko Fagge ta Kano, da ƙauyukan da sai an tada janareta, yara da manya kan taru a gidan kallo ko a tsakar gida. Mata da ke cikin kulle suna cikin manyan masu kallo, domin kaset na shiga inda silima ba ta isa.

Wannan ne ya sa sunansa ya koma tambarin kasuwa. Aka yi ta fitar da fina-finai masu ɗauke da shi a take: Ibro Awilo, Ibro Ɗan Fulani, Ibro Angon Hajiya, Ibro Aloko da sauransu masu yawa. Mai saye ba ya tambayar wanda ya ba da umarni ko wanda ya rubuta. Ya ga Ibro, ya biya.

Mutum ɗaya, riguna da yawa

Ko da wace riga ya sa, halin da Ibro ke fitowa da shi kusan guda ne. Talaka ne mai kwaɗayi da tsoro da cika baki, mai wayon da kullum ke ƙarewa a kansa. Yau maigadi ne, gobe direba, jibi boka ko malamin tsibbu ko ɗan sanda ko ɗan siyasa. Yana shiga rigar da ta fi ƙarfinsa, ya yi ta fama da ita har asirinsa ya tonu. Mai kallo na yi masa dariya, amma a lokaci guda yana ganin yadda masu rigar na gaskiya suke: ɗan sandan da ke karɓar na goro, bokan da ke cin kuɗin matan aure, mai kuɗin da ke wulaƙanta bara.

Wannan hali ba baƙo ba ne a adabin Hausa. Gizo na tatsuniya haka yake, mai dabara da haɗama, wanda ake so duk da an san halinsa. Akwai wawan sarki, wanda al'ada ta ba damar faɗin abin da fadawa ba su isa su faɗa ba. Akwai wasannin tashe na watan azumi, inda yara ke shigar dattawa da malamai da baƙi suna kwaikwayonsu. Akwai kuma 'yan kama, waɗanda ke ɗaukar waƙar wani ko karatun malamai su juya su koma zancen tuwo da miya. Ibro ya ɗauki wannan dabara ta ƙarshe ya zamanantar da ita. Yakan ɗauki karin waƙar da ke tashe, ta Indiya ce ko ta Hausa ko ta mawaƙin Kwango Awilo Longomba, wanda kiɗansa ya mamaye Najeriya a farkon shekarun 2000, ya ɗora mata kalmomin da ke mayar da ita abin dariya.

Kwaikwayon ƙabilu da ya yi ta yi ya samo tushe daga wasan barkwanci da ke tsakanin al'ummomi, irin na Fulani da Barebari ko na Kanawa da Zagezagi, inda tsokana ke zama alamar zumunci. Duk da haka ba kowa ne ya karɓe shi a haka ba. Akwai masu ganin cewa abin da ya halatta tsakanin abokan wasa biyu a zaure yakan sauya ma'ana idan aka naɗe shi a kaset aka sayar wa dubban mutane, kuma yawan nuna Bafulatani ko Bagwari a matsayin wanda bai waye ba na iya dasa raini a zukatan yara. Wannan suka ce mai tushe, kuma tana cikin abin da ya kamata a auna idan ana maganar aikinsa.

Usama da Saddam

Bayan harin 11 ga Satumba, 2001, da yaƙin da Amurka ta ƙaddamar a Afganistan, hankalin jama'a a arewacin Najeriya ya tashi matuƙa. A watan Oktoba na shekarar an yi zanga-zanga a Kano wadda ta rikiɗe ta zama tarzoma. Hotunan Usama bin Laden suka cika kasuwa, ana liƙa su a motoci da babura. A cikin wannan yanayi ne aka fitar da Ibro Usama a 2002, inda ya fito a matsayin Usama, wasu 'yan wasan Hausa kuma suka fito a matsayin shugabannin Amurka. A 2003, shekarar da aka mamaye Iraƙi, aka biyo da Ibro Saddam.

Fim ɗin farko ya jawo masa fushin wasu malamai da masu kishin addini, waɗanda suka ga cewa bai dace a mayar da irin wannan lamari abin wasa ba. Masu nazarin fina-finai a jami'o'in gida da waje kuwa sun mayar da hankali a kan fina-finan biyu, domin sun nuna yadda ƙaramar masana'anta a Kano ke ɗaukar labarin da manyan kafafen duniya ke yaɗawa ta sake faɗinsa da bakinta, da kayan aikin da ba su taka kara sun karya ba. Camamar da ake rainawa ita ce ta taɓa batun da fina-finan soyayya suka kauce wa.

Komawa gidan yari

Dangantakar masu fim da hukuma a Kano ta daɗe da tsami. Bayan ƙaddamar da shari'ar Musulunci a jihar a 2000, gwamnati ta dakatar da harkar fim a ƙarshen shekarar, sannan ta kafa Hukumar Tace Fina-finai a 2001. A 2007, zamanin Gwamna Ibrahim Shekarau, wani hoton bidiyo na wayar salula da ya shafi wata 'yar fim ya tada ƙura a duk faɗin arewa. Aka naɗa Abubakar Rabo Abdulkarim shugabancin hukumar, aka dakatar da ɗaukar fim na tsawon watanni, aka kuma fito da sababbin sharuɗɗa masu tsauri. Kotun tafi-da-gidanka da ke aiki da hukumar ta riƙa yanke hukunci cikin gaggawa. Adam A. Zango ya shiga gidan yari a 2007, furodusa Hamisu Lamiɗo Iyantama kuma a ƙarshen 2008.

A watan Oktoba na 2008 aka kama Ibro tare da abokin aikinsa Lawal Ƙaura. An tuhume su da gudanar da kamfani ba tare da rajista da hukumar ba, da kuma nuna rawar da ta saɓa wa tarbiyya a fim ɗin Ibro Aloko. Kotun ta yanke musu ɗaurin wata biyu. Masu goyon bayan hukumar sun ɗauki hukuncin a matsayin shaida cewa doka ba ta san shahararre ba. Masu fim da magoya bayansa da yawa kuwa sun danganta kamun da wata waƙa da ke cikin fim ɗin, wadda jama'a suka fassara a matsayin shaguɓe ga masu mulki.

Ko wanne ne gaskiya, mutumin da ya yi shekaru yana riƙe da mabuɗin ɗakin fursunoni ya koma ciki a matsayin fursuna. Wannan zamani ya sa masu fim da dama suka kwashe kayansu suka koma Kaduna da Jos da wasu garuruwa. Ibro ya fito ya ci gaba da sana'arsa, farin jininsa kuma bai ragu ba.

Wani makamancinsa a Italiya

Abin da ya faru da Ibro ba a ƙasar Hausa kaɗai ya taɓa faruwa ba. A Italiya an yi Antonio De Curtis, wanda duniya ta sani da Toto, haifaffen birnin Napoli a 1898. Ya fito a fina-finai kusan ɗari, da yawansu na gaggawa ne masu arha, kuma sunansa ne ke jikin takensu domin shi ne ke jawo 'yan kallo. Shi ma talaka mai yunwa da dabara yake fitowa, shi ma ya fi dogara ga abin da ya zo bakinsa a gaban kyamara. Masu sharhi sun yi ta kushe fina-finansa, hukumar tace fina-finai ta ƙasar kuma ta yanyanka wani fim da ya fito a matsayin ɗan sanda a tsakiyar shekarun 1950. Sai gab da rasuwarsa a 1967, da kuma bayanta, aka dawo ana lissafa shi cikin manyan 'yan wasan ƙasar. Bambancin shi ne Italiya ta adana fina-finan Toto, ana gyara su ana sake nuna su, abin da har yanzu bai samu ga na Ibro ba.

Shekarun ƙarshe

Daga ƙarshen shekarun 2000 kasuwar ta sauya. Faifan sidi ya kori kaset, masu satar fasaha suka yi yawa, daga baya kuma aka koma tura fim a waya da ɗan kuɗi kaɗan. Tashoshin tauraron ɗan'adam masu nuna fina-finan Hausa suka buɗe, abin da ya ƙara yawan masu kallo amma ya rage masu saye. A wannan lokaci katangar da ke tsakanin camama da manyan fina-finai ta fara rushewa. Manyan furodusoshi suka riƙa neman Ibro, aka kashe kuɗi a fina-finan barkwanci irin su Andamali, aka kuma haɗa shi da fitattun 'yan barkwancin kudu, Nkem Owoh da John Okafor, domin a jawo masu kallo daga ɓangarorin ƙasar biyu.

Sai dai a daidai lokacin da masana'antar ta fara ba shi matsayin da kasuwa ta daɗe da ba shi, lafiyarsa ta fara ja da baya. An sha yaɗa jita-jitar mutuwarsa tun yana raye. Ya ci gaba da aiki gwargwadon ƙarfinsa har ciwon ya kwantar da shi. Da ya rasu, ɗimbin jama'a suka halarci jana'izarsa, ciki har da abokan sana'a da mutanen gari da ba su taɓa haɗuwa da shi ba sai a allon talabijin. Ya bar mata da 'ya'ya.

Abin da ya bari

Bayan rasuwarsa barkwanci bai mutu a Kannywood ba. Sulaiman Bosho da Rabi'u Daushe da Mustapha Naburaska da wasu sun ci gaba, sannan ga sabon ƙarni na matasa masu gajerun bidiyo a YouTube da TikTok, waɗanda da yawansu da fina-finansa suka tashi. Amma ba a sake samun ɗan wasan da sunansa kaɗai ya isa ya zama taken fim bayan fim na tsawon shekaru ba. Har yau a ƙasar Hausa idan yaro ya cika ban dariya akan kira shi Ibro.

Akwai kuma wani amfani da fina-finansa ke da shi wanda ba a yi niyya ba. Da yake a ƙauye da bayan gari aka ɗauke su, ba tare da ƙawa ba, sun adana kamannin rayuwar talaka ta wancan zamani: gidajen ƙasa, shigar mutane, kuɗin da ake kashewa, 'yan acaɓa kafin a hana su ɗaukar fasinja a Kano a 2013, da irin Hausar da ake yi a tasha da kasuwa. Mai nazarin harshe ko tarihin zamantakewa zai samu a cikinsu abin da ba zai samu a fina-finan falo da manyan motoci ba.

Matsalar ita ce yawancin waɗannan fina-finai a kaset da sidi suka fito, kayan da zafi da ƙura ke lalatawa cikin 'yan shekaru. Kamfanoni da dama da suka shirya su sun rufe, shagunan da ke sayar da su sun koma wata sana'a. Abin da ya rage a intanet galibi guntaye ne marasa kyawun hoto, waɗanda wasu suka ɗora ba tare da sunan darakta ko shekarar fitowa ba, kuma ba lallai ne iyalan waɗanda suka yi wahalar su amfana da ko sisi ba. Najeriya na da ma'adanar fina-finai ta ƙasa a Jos ƙarƙashin Hukumar Fina-finai ta Najeriya, jami'o'i irin su Bayero ta Kano kuma na da sassan da ke nazarin fim da adabin Hausa. Tattara fina-finan Ibro, da tantance shekarunsu da waɗanda suka yi su, aiki ne da za a iya yi yanzu, tun abokan aikinsa da 'yan kasuwar da suka sayar da su suna raye.

Allah ya jiƙan Rabilu Musa, ya gafarta masa kurakuransa.